Sawu a Kan Igiya

Da hantsin ranar Laraba aka tsinci gawar Harisu a tsakiyar gonarsa, rub da ciki a kan kunya, hannunsa na dama a miƙe gaba. Wasu mata ne da suka je yankan ciyawa suka gan shi, suka dawo gari da gudu ko laujensu ba su tsaya ɗauka ba. Harbi ne a ƙirji da kafaɗa. Watan Agusta ne, dawa ta shanye tsayin mutum, kuma an yi ruwa kafin asuba.

Garinmu Unguwar Gawo yana bayan Sheme, muna kallon daji yana kallonmu. Shekara huɗu ke nan ƴan bindiga suna shigo mana, yau su kwashi shanu, gobe su kwashi mutane. Duk namijin da ke iya ɗaga ƙarfe ya zama ɗan sa-kai, har da ni Inusa, da na yi shekara talatin ban san komai ba sai keken ɗinki. Tsoro ya mai da mu wasu irin mutane. Ba don in wanke kaina na faɗi haka ba, domin da hannuna a cikin abin da ya biyo baya.

Muna da tsarinmu a sa-kai. Kowace yamma bayan Magariba kowa zai tsaya a bakin gari ya yi harbi ɗaya sama, don na cikin daji su ji muna nan. Yawancinmu ba ma goge bindigogin da kanmu. Ranar Alhamis muke tara su a maƙerar Ubale, ya wanke cikinsu da ruwan zafi da tsumma a kan sandar ƙarfe, ya shanya, ya shafa musu mai, aikin yini guda cur. Idan kuma wani abu ya faru, Kwamandanmu Abdulgafar kan tara bindigogin gari ya sansana bakinsu ɗaya bayan ɗaya. Ya ce hancinsa na bambance warin harbin jiya da na ɗazu. Mun yarda da hancin nan fiye da yadda muka yarda da alƙali.

Haka aka yi a ranar. Ya bi bindigoginmu ashirin da ɗaya yana sansanawa yana ajiyewa. Sai wani ya ce a ɗauko ta Ubale, tun da gonarsa ce ke iyaka da ta mamacin. Ubale ba ɗan sa-kai ba ne. Bamaguje ne na asali, tun zamanin mahaifinsa suka shiga coci, gidansa kuma shi ne na ƙarshe ta ɓangaren daji. Kwamanda ya kai bindigar hanci, ya ɗago kai a hankali.

"Wagga yanzu anka harba ta."

"Ni na harba," in ji Ubale. "Birai na kora a masara, kamar kullum."

Ɗanliti, ƙanin mamacin, shi ya fara kururuwa. Ya ce dama an daɗe ana zargin akwai mai kai wa ƴan daji labari, ga shi Allah ya tona. Kafin ka ce me, mun kada Ubale ƙasa. Mu bakwai muka ɗaure shi a jikin gawon da ke bakin masallaci, aka yi ta zuba masa gindin bindiga. A garuruwan da ke kewaye da mu, wanda aka ɗaure da sunan mai kai labari ba ya ganin faɗuwar rana.

Mai unguwa, Alhaji Mani, ya fito yana dogara sanda ya tsaya a gabansa.

"Ba mai ƙara taɓa shi sai an yi ma Harisu sutura," ya ce. "Na aika Sheme a ɗauko Baba Barau. Ku ba ni zuwa La'asar. In an sallame bai samo wani abu ba, ni zan shige gida, ban gani ba, ban ji ba."

Kowa ya gane abin da yake nufi, har Ubale.

*

Baba Barau ya yi shekara arba'in yana bin sawun shanun sata, daga ƙasar Kankara har dazukan Sabuwa. Gajere ne, ido ɗaya ya yi yana, kuma bakinsa ba shi da linzami. Kwamanda ya ce in riƙa binsa duk inda ya sa ƙafa don kada ya ɓoye wani abu. Tsohon ya dube ni sama da ƙasa ya ce to, in dai ba zan yi masa surutu ba.

Da muka isa inda aka ɗauki gawar, ya tsaya ya riƙe ƙugu. Wurin ya zama caɓi.

"Jakai nawa sunka shigo gonar ga?"

"Mutane ne, Baba."

"Na ga alama."

Ya bar wurin ya kutsa cikin dawa, yana tafiya a sunkuye. Ya nuna mini inda Harisu ya fara faɗuwa, ga fartanyarsa da wani buhu a yashe. Daga nan wata shimfiɗaɗɗiyar alama ta tafi a kan laka, inda ya ja jiki da gwiwar hannu, taku goma sha biyu.

"Ina gari?" ya tambaye ni.

Na nuna gabas.

"Shi kuma ina ya nuhwa?"

Na duba. Yamma ya nufa, wajen wata ɗorawa da ke bakin rafi.

"Wanda anka harba gida yake nema," in ji tsohon. "Wanga ya juya ma gida baya, ya bi mai harbin. Wani ya gani da ya sani."

"Ai ya san Ubale."

"Kai ma ya san ka. Rufa mani baki."

Ya zaga bakin rafin duka. Babu sawun babur, babu na shanu, babu alamar wani ya tsallako daga daji. Ƴan bindiga dai ba su zo ba. A gindin ɗorawar ya durƙusa ya daɗe. Mutum ɗaya ya tsaya a nan, sanye da takalmin roba irin wanda rabin garinmu ke saye a kasuwar Sheme. Amma sawu ɗaya na ƙafar hagu ya nutse fiye da sauran. A tsakiyarsa wani siririn layi ya gitta daga gefe zuwa gefe, a ƙarshen layin kuma da wani ɗan rami kamar an danna ƙwayar gyaɗa a laka. Ganyayen da ke kusa sun yi ɗigo-ɗigon baƙi. Ya tsinko ɗaya ya murza ya sansana.

"Baƙin albarushi da mai," ya ce. "Amma wanga layi, tun da nake ban taɓa ganin irinai ba."

Ya karya kara ya auna tsayin sawun, ya soke karan a hularsa.

*

Muka je gidan mamacin. Matarsa Bilki tana zaune a ɗaki an lulluɓe ta, mata sun kewaye ta. Baba Barau ya tsuguna a bakin ƙofa ya yi mata gaisuwa, sannan ya tambaye ta yadda mijinta ya fita.

"Yana dawowa daga masallaci ya ɗauki hwartanya," ta ce, muryarta ta dushe. "Ana yayyahi, sai ya kihwa buhu a kai. Na ce ya jira gari ya waye sosai. Ya ce ciyawa ba ta jira, kuma gara ya gama kahin rana ta ɗaga ya dawo."

"Da bindiga ya hita?"

"Ba shi da bindiga, Baba. Tun bara ya mai da ma Kwamanda. Ya ce shi ya gaji da dukan mutane a kan zato. Kwamanda ya ce mashi a gaban jama'a, wanda ba ya tare da mu yana tare da su. Tun daga nan ba su ga maciji."

"Wani ya zo nemanai da sahe?"

"Sai ƙanenai Ɗanliti. Ya leƙo ya ce ina Yaya, na ce ya tahi gona. Ya yi ta hwaɗa, ya ce sau nawa zai hana shi hita shi kaɗai. Ya juya ya tahi." Ta fashe da kuka. "Shi kaɗai ke kula da shi a garin ga."

Da muka fito, zuciyata ta riga ta yanke hukunci. Na ce wa tsohon, wallahi Kwamanda ne. Ya ce da safe na tabbata Ubale ne, yanzu ko Azahar ba a yi ba na tabbata Kwamanda ne, Allah ya kiyashe shi da abin da zan tabbata da La'asar. Na ji haushi, amma gaskiya ya faɗa.

*

Lokacin da mutane suka tafi maƙabarta, muka je gindin gawo. Fuskar Ubale ta kumbura, leɓensa ya fashe, ƙudaje na binsa. Matarsa Rifkatu tana durƙushe a gefe tana korar su da gefen zaninta. Mai gadin da aka bari ya hana ta ba shi ruwa. Baba Barau ya karɓi kwanon daga hannunta ya kafa wa Ubale a baki, ya dubi mai gadin ya ce in ya isa ya hana.

"Harbi biyu anka yi, Baba," in ji Rifkatu. "Na hwarko daga rahi ya hito. Na biyu shi ne na maigidana, ina tsaye a bayan gida ina ganin biran. Tun sahe nake hwaɗa ba mai ji na."

Tsohon ya miƙa mata kwanon. Ya share ƙasa a gaban Ubale, ya zana sawu da yatsa, ya ja layi a tsakiya, ya danna ɗan rami a ƙarshe.

"Kai ne mai aikin bindiga. Mi ke barin wagga alama?"

Ubale ya daɗe yana kallo da idon da bai rufe ba.

"Akwai baƙi a wurin?"

"A ganye."

"Igiyar Kwamanda ce," ya ce a hankali. "Wani ɗan'uwanai da ke gadi a Kaduna ya kawo mashi. Igiya ce mai kauri, an saƙa mata burushi a tsakiya, da ƴar darma a baki. Ka karya bindiga ta buɗe, ka zura darmar ta baya, ta hwaɗo ta baki, ka ja. Ja ɗaya, biyu, ciki ya yi tas. Aikin da nake yini ina yi, ita kahin ka tauna goro ta gama."

"Sawun hwa?"

"Burushin na cijewa. In hannu ya kasa ja, sai ka taka bakin igiyar da ƙahwa, ka ɗaga bindigar sama."

Baba Barau ya gyaɗa kai. "Ita bindigarka, ana yi mata haka?"

Ubale ya yi wata ƴar dariya da ta sa shi tari. "Tawa ta ɗuri ce, Baba, irin ta kakanni. Ta baki ake zuba mata albarushi, bayanta a toshe yake. Ta ina igiya za ta bi? Sai wadda ake karyawa a sa harsashi. Shida ne kacal a garin ga, ni na ƙera huɗu."

Kunya ta kama ni. Mutumin da muka ɗaure shi ne ke koya mana yadda za mu gane laifinmu, kuma ko sau ɗaya bai dube ni ba.

*

A zauren ƴan sa-kai muka sami Kwamanda Abdulgafar, ya dawo daga jana'iza yana kaɗe ƙasa daga wandonsa. Igiyar tana rataye a ƙusa a bayan ƙofa. Baba Barau ya sauko da ita ba tare da neman izini ba, ya juya darmar a tafin hannunsa. Da busasshiyar farar laka a jikinta, irin wadda babu ita ko'ina a garinmu sai bakin rafi.

"Yaushe rabonka da rahi, Kwamanda?"

"Mi kake nuhi?"

"Abin da ka ji."

Kwamanda ya miƙe tsaye, ya kusa taɓa rufin zauren. Ya ce shekara huɗu yana kwana a waje don garin nan, ba wani tsoho mai ido ɗaya da zai zo daga Sheme ya ɗora masa jini. Ya ce gaskiya ne ba sa shiri da Harisu, amma lokacin da aka ji harbi yana masallaci tare da Liman da Mai unguwa, a je a tambaye su.

"Zauna, ba kokawa na zo ba," in ji Baba Barau. "Miƙo ƙahwarka."

Ya zare karan daga hula ya gwada. Ƙafar Kwamanda ta zarce shi da yatsu uku. Tsohon ya yi tsaki ya jefar da karan.

"Ba kai ba ne. Shi kuma karan ga ba ya da amhwani, rabin mazan garinku ƙahwarsu ɗaya. Wa ke taɓa igiyar ga ban da kai?"

"Ba na ba da aro. Kowace yamma bayan harbi nake goge tawa, in rataye ta nan."

"Zauren ana kulle shi?"

"A'a."

"Madalla. Ka ajiye ma kowa hanyar wanke hannu a bayan ƙohwa, sannan ka zauna kana sansane-sansane."

Kwamanda ya dubi ƙusar da ke bayan ƙofa. Tsohon ya juyo gare ni.

"Kai tela, ka tahi shagonka ka kawo mani ƙyallen hwarin yadi guda shida, masu tsabta. Ka biya maƙera ka ɗauko sandar ƙarhen Ubale. Ka yi sauri, rana na gudu."

*

Ana sallame La'asar masallaci ya juye a gindin gawo. Na ga igiyoyi, na ga adduna, na ga wani da jarkar fetur. Ɗanliti yana gaba, idanunsa jawur, ƙasar kabarin yayansa ba ta bar hannunsa ba. Alhaji Mani ya zauna a kujera, ya ce Baba Barau ya faɗi abin da ya samo.

"Masu bindigar karyawa su hito nan," in ji tsohon.

Mutum shida suka fito, cikinsu da Kwamanda da Ɗanliti. Suka jera bindigogin a kan tabarma.

"Jiya da Magariba dukanku kun yi harbi?"

Suka ce sun yi.

"Yau Laraba, gobe ne ranar wanki a maƙera. Ke nan kwana shida cikinsu bai ga tsumma ba. To ina tambaya, kowa ya ji da kyau. Daga harbin jiya zuwa yanzu, wa ya goge bindigatai?"

Kwamanda ya ɗaga hannu. "Ni. Kowa ya sani, kullum nake yi."

"Sai wa?"

Tsohon ya bi su ɗaya-ɗaya, kowa ya rantse bai taɓa ba. Da ya zo kan Ɗanliti, sai ya daka wa tsohon tsawa.

"Ni da anka kashe ma ɗan'uwa kake tambaya? Tun jiya ban taɓa ta ba! Ɓata mana lokaci kawai kake, ga wanda ya yi kisa a ɗaure!"

"Na ji. Kowa ya ji ko?"

Ya naɗa ƙyalle na farko a sandar ƙarfe, ya zura a bindiga ta farko, ya murza ya zaro. Baƙi ƙirin. Ya shimfiɗa shi a ƙasa. Na biyu baƙi, na uku baƙi, na huɗu haka. Na Kwamanda ya fito fari da ɗan maiƙo, kamar yadda ya faɗa. Sannan ya ɗauki ta Ɗanliti. Ya zura, ya murza sau uku don kada a ce bai murza ba, ya zaro. Ya ɗaga ƙyallen sama ya juya shi ta kowane gefe. Fari fat.

Jama'a suka matso suna leƙen ƙyallen.

"Kwamanda," in ji Baba Barau, "da sahe kana neman wadda ke sabon wari. Wagga da ka kai hanci, mi ka ji?"

Kwamanda ya sunkuyar da kai. "Ba ta warin komi."

"Bindigar da anka harba jiya da Magariba, ba ta warin komi, kuma ka ajiye ta ka wuce." Ya juya ga jama'a. "Wanda ya harbi Harisu ya tsaya gindin ɗorawa. Ya san za a tara bindigogi a sansana, don ɗan gida ne. Sai ya zura igiyar Kwamanda, ya taka da ƙahwar hagu, ya ja. Ya so ya goge harbin sahe, sai ya haɗa da na kwana shida. Bindigar Ubale kuwa ko aljani ba ya zura mata igiya, kuma da baƙinta kunka same ta."

Ɗanliti ya dubi ƙyallen, ya dubi mutane. Ya zauna daɓas a ƙasa.

"Rakiya na je yi mashi," ya ce, da wata murya da ban san shi da ita ba. "Wallahi rakiya na je. Na biya zaure na ɗauki igiyar don raɓa na shiga bindiga. Na bi ta rahi in tare mashi hanyar daji. Sai na ga mutum na kutsowa cikin dawa, ya ruhe kai, da wani abu dogo a kahwaɗa. Ban tsaya ba. Kullum ana ce mana wanda ya tsaya tambaya shi ake binnewa."

"Da ya hwaɗi, ka je wurinai?"

Ɗanliti ya girgiza kai.

"Ya ja jiki taku goma sha biyu yana nuho ka. Ka gan shi?"

"Na gan shi."

"Ya yi magana?"

Ɗanliti ya kifa fuska a ƙasa. Sai da Alhaji Mani ya umarce shi sannan ya amsa.

"Ya ce, Ɗanliti, ni ne. Sau biyu ya hwaɗa."

"Kai kuma kana tsaye kana jan igiya."

Wata tsohuwa a bayan taron ta yi salati da ƙarfi. Ni kuwa na san yaran nan biyu tun suna tallan rake, ni na ɗinka musu kayan Sallah iri ɗaya shekara da shekaru.

"Ubale hwa?" in ji Alhaji Mani. "Mi ya yi maka?"

"Ba komi, Alhaji. Na ga in ba a samu wani ba, za a ci gaba da nema."

Taron ya hautsine. Masu addunan nan da suka zo domin Ubale suka fara matsowa wajen Ɗanliti, mai jarkar fetur ma bai ajiye ta ba. Kwamanda ya shiga tsakani, aka ja Ɗanliti zuwa gidan Mai unguwa don a kulle shi kafin a kai shi wurin ƴan sanda a Faskari. Gari duka ya bi su, ana turereniya, kowa na faɗin dama shi tun safe bai yarda da yaron ba. Ban taɓa jin ƙyamar mutanen garinmu irin ta wannan lokaci ba, kuma na san nawa bakin bai fi nasu tsarki ba.

*

Da ƙura ta lafa, mu huɗu muka rage a gindin gawo: ni, Baba Barau, Rifkatu, da Ubale a ɗaure yadda yake tun safe. An manta da shi.

Na matsa da sauri na kai hannu kan ƙullin.

"Bari," in ji Ubale.

"Kwance ka zan yi."

"Mutum bakwai sunka ɗaure ni, a gaban gari. Ka kira su. Yadda sunka ɗaure ni a gaban mutane, su kwance ni a gaban mutane, su hwaɗi da bakinsu ni ba mai kai labari ba ne. Ina da ɗiya maza biyu da ke bin kasuwanni. In sunan nan ya bi su, wata rana a wani gari za a ɗaure su."

Baba Barau ya zauna a kan saiwar gawon, ya ce gaskiya ne, in tafi, shi yana nan.

Na bi su gida-gida. Na farko aka ce yana banɗaki, na jira har na gaji. Na biyu ya ce shi igiya kawai ya miƙa. Na uku ya ce ƙaddara ce, kowa na iya kuskure, Ubale ya yi haƙuri mana. Biyu suna cikin taron ƙofar Mai unguwa, da suka hango ni suka juya baya. Kwamanda ya saurare ni har ƙarshe, sannan ya ce, "Ka kwance shi kawai, Inusa, ai magana ta ƙare. In na tsaya gaban gari na ce na yi kuskure, gobe wa zai bi umarnina?"

Rana ta yi ja lokacin da na dawo. Ubale ya ɗago kai ya duba bayana, ya daɗe yana kallon hanyar.

"Su nawa?"

"Ba kowa."

"Kai ma ka riƙe ƙahwata, Inusa."

"Na riƙe. Ka yahe mani. Kai ba mai kai labari ba ne, ban taɓa ganin ka cuci kowa ba."

Na faɗa da ƙarfi yadda ya nema, amma babu mai ji sai tsoho ɗaya da matarsa. Ubale ya rufe ido.

Rifkatu ta zaro wuƙar yankan kuɓewa daga ƙugunta ta yanke igiyar. Ya zame zai faɗi, ta tare shi da kafaɗa, ta rataya hannunsa a wuyanta. Ya fi ta nauyi nesa ba kusa ba, ƙafafunsa kuma sun ƙi ɗaukarsa. Suka yi taku biyu suka tangaɗa. Na zabura in kama masa ɗaya hannun.

"Kada ka taɓa shi," ta ce, ba tare da ta ɗaga murya ba.

Na janye hannuna. Na tsaya a nan ina kallo tana jan mijinta ita kaɗai, taku ɗaya su huta, taku ɗaya su huta, har ƙarshen gari.